Idan Kamfani Ya Kashe Wasa, Bidiyon Ɗan Wasa Ne Ke Saura

A ranar 23 ga Agustan 2024 kamfanin Sony ya fitar da wani wasan harbi mai suna Concord, wanda aka shafe shekaru ana haɗa shi, aka kuma zuba masa kuɗi masu kauri. Ranar 6 ga Satumba, mako biyu ke nan cif, kamfanin ya rufe shi, ya mayar wa waɗanda suka saya kuɗinsu, domin kasuwa ta ƙi. Da yake wasan na intanet ne, ba ya tashi sai ya haɗu da manyan kwamfutocin kamfanin, rufewar nan mutuwa ce: wanda ya sayi faifan ya tashi da roba kawai a hannu. Yau duk mai son sanin yadda wasan yake, yadda jarumansa ke motsi, irin sautinsa, da abin da ya sa jama'a suka juya masa baya, inda zai nufa shi ne bidiyon da 'yan wasa suka naɗa daga allunansu a 'yan kwanakin nan. Galibinsu ba kamfanin ne ya sa su ba. Manhajar ɗaukar allo suka kunna, suka buga wasansu, suka ɗora a YouTube.

Mutane da yawa suna yi wa wannan aiki kallon ɓata lokaci ninki biyu: yaro ya ƙarar da sa'o'i yana buga gem, sannan ya ja wani ya zauna kallon yadda ya buga. Kamfanonin da ke yin wasannin kuwa sun daɗe suna kai-kawo tsakanin ɗaukarsa talla ta kyauta da ɗaukarsa satar fasaha. A ganina duk ɓangarorin biyu ba su auna shi daidai ba. Fim ko littafi a kammale yake zuwa wa mai saye, amma wasan kwamfuta bai cika ba sai da hannun mai buga shi, kuma bugun yau daban yake da na jiya. Abin da ya faru a allon mutum da daddare, in ba a naɗa ba, ya tafi ke nan. Saboda haka bidiyon da ɗan wasa ya ɗauka aikinsa ne gwargwadon abin da ya zuba a ciki, kuma sau da yawa shi ne shaidar da ke saura bayan kamfani ya naɗe tabarmarsa. Wanda ya yarda da wannan dole ya yarda cewa mai naɗar yana da haƙƙi, kuma akwai nauyi a wuyansa.

Abin bai zo da sauƙi ba, kuma lissafi kaɗan ya isa ya nuna dalili. Allo mai faɗin ɗigo 1920 da tsayin 1080 yana ɗauke da ɗigo sama da miliyan 2, kowane ɗigo yana cin bayit 3 don launinsa, wato hoto guda ya haura megabayit 6. Wasan da ke gudu lafiya yana zana irin wannan hoto sau 60 a daƙiƙa. In aka ce a adana su yadda suke, daƙiƙa ɗaya za ta ci kusan megabayit 370, minti ɗaya kuma ya haura gigabayit 22. Ko da ƙananan allunan da, nauyin ya fi ƙarfin kwamfutocin zamaninsu. Shi ya sa masu haɗa wasanni na farko suka kauce wa bidiyo ɗungurungum. Wasan Doom na 1993 ba hoto yake naɗa ba, maɓallan da ɗan wasa ya danna yake rubutawa ɗaya bayan ɗaya a wani ɗan ƙaramin fayil; in aka ba wani fayil ɗin, wasan da ke kwamfutarsa ne zai maimaita duk abin da aka yi. Dabara ce mai kyau, fayil ɗin bai da nauyi ko kaɗan, amma tana da aibi babba: ba ya buɗuwa sai ga mai wasan, kuma sau da yawa sai irin fitowar da aka naɗa da ita. Da zarar wasan ya canza ko ya ɓace, shaidar ta bi shi. Bidiyo na gaskiya ba ruwansa da wasan bayan an gama ɗauka, wannan kuwa shi ne asalin darajarsa.

Manhajar da ta daɗe tana riƙe da wannan fage a kan Windows ita ce Fraps, wadda ta fito a 1999. Ta kyautar daƙiƙa 30 kawai take bari a ɗauka, tare da tambarinta a saman hoton, wanda duk tsohon mai kallon bidiyon wasanni ya san shi. Ba ta matse hoton sosai, don haka fayilolinta manya ne ƙwarai, kuma tana jan ƙarfin kwamfutar har wasan ya riƙa sanɗa. Mai ƙaramar kwamfuta sai ya zaɓa: ko ya buga wasa lafiya, ko ya naɗa. Masu na'urorin PlayStation da Xbox kuwa sai sun sayi wani akwati daban da ake sakawa tsakanin na'urar da talabijin. A taƙaice, shekaru da dama naɗar wasa aikin masu hali ne.

Abin da ya rushe wannan katanga ba manhaja ba ce kawai, canji ne a cikin ƙarfen kwamfutar. Matse bidiyo ya ginu ne a kan cewa hoton yanzu da wanda ya gabace shi kusan iri ɗaya ne, don haka a maimakon a adana kowanne cikakke, sai a adana bambancin kawai, tsarin H.264 da aka amince da shi a 2003 haka yake aiki. Sai dai gano wannan bambanci sau 60 a daƙiƙa aiki ne mai cin ƙwaƙwalwar kwamfuta, wadda wasan ma ita yake buƙata. Intel a 2011, sannan Nvidia a 2012, suka keɓe wani ɗan sashe a cikin kayansu wanda ba shi da aiki sai matse bidiyo, aka sauke wa wasan nauyi. A 2012 ɗin aka fara OBS, manhaja ta kyauta wadda kowa ke da damar duba yadda aka rubuta ta da gyara ta, kuma har yau ita ce abin aikin yawancin masu watsa wasa kai tsaye. A 2013 Nvidia ta fito da ShadowPlay, wadda ke naɗa a ɓoye ba tsayawa, tana riƙe da mintunan baya har kusan 20, sai abin mamaki ya faru sannan mutum ya danna maɓalli ya adana abin da ya riga ya wuce. A Nuwamban shekarar PlayStation 4 ta fito da maɓallin rabawa a jikin abin sarrafa wasan, tana riƙe da minti 15 na baya. Windows 10 ta zo da nata a 2015, iPhone a 2017, sannan Android ta saka shi a cikin tsarinta a 2020, duk da cewa wasu masu ƙera wayoyi sun riga ta. Ya kamata a lura da ma'anar wannan jerin: kamfanonin da kansu ne suka saka maɓallin a hannun ɗan wasa. Da wuya wanda ya ƙera maɓalli ya sayar ya dawo ya ce danna shi laifi ne.

To me ya sa za a ce bidiyon aikin ɗan wasa ne, alhali hoto da sauti da labari duk na kamfani ne? Domin tun farko abin da mutane ke kallo ba kayan kamfanin ba ne zalla. A Oktoban 1996 wasu 'yan wasan Quake suka shirya ɗan gajeren fim mai suna Diary of a Camper, bai kai minti biyu ba, inda suka mai da filin wasan dandalin wasan kwaikwayo. Daga nan wata sana'a ta haɗa fim a cikin wasa ta taso, har ta kai ga shirin barkwanci na Red vs. Blue da aka fara a 2003 a cikin wasan Halo, aka yi shekaru ana yi. Felix Kjellberg, ɗan ƙasar Suwidin da aka fi sani da PewDiePie, ya fara ɗora bidiyo a 2010, zuwa 2013 ba wanda ya kai shi mabiya a YouTube, a 2019 ya haura miliyan 100. Wasannin da ya buga kowa na iya sayensu. Ihunsa da tsoronsa da barkwancinsa ne ba a sayarwa a shago. Da Amazon ta sayi Twitch, dandalin watsa wasa kai tsaye, a 2014 a kan kusan dala miliyan 970, ba wasa ko ɗaya ta saya ba, domin Twitch ba ta da wasa. Taron mutanen da ke buga wasa da masu kallonsu ta saya. Akwai kuma masu tseren gama wasa cikin ƙanƙanin lokaci, waɗanda taronsu na Games Done Quick ya fara a 2010 ya kuma tara wa ƙungiyoyin agaji sama da dala miliyan 50. Mutum ya shafe shekara yana goge motsi ɗaya don ya rage daƙiƙa biyu, a ce abin da ya nuna ba nasa ba ne, wannan magana ba ta kama hankali ba.

Amma kamfani ma yana da bakin magana, kuma bai dace a toshe shi ba. A 2013 Nintendo ta fara karɓe kuɗin tallar da ke kan bidiyon wasanninta a YouTube, a 2015 ta fito da wani tsari da mai bidiyo zai yi rajista ya samu kashi 60 ko 70 cikin ɗari, ita ta riƙe saura. A Afrilun 2017 kamfanin Atlus ya gargaɗi masu naɗar Persona 5 da kada su wuce wata rana a kalandar cikin wasan, don kada a tona ƙarshen labarin. Hujja mafi ƙarfi kuwa ba daga manyan kamfanoni ta fito ba. That Dragon, Cancer, wanda ya fito a farkon 2016, wasa ne da Ryan Green da matarsa suka yi a kan ɗansu da ciwon daji ya kashe. Gajere ne, labari ne miƙaƙƙe, ba shi da wata gwaninta da ake nunawa. Green ya fito ya koka cewa miliyoyi sun kalli wasan a bidiyon wasu, cinikinsa kuwa bai taka kara ya karya ba. Wannan kuka gaskiya ne. Wanda ya kalli irin wannan wasa daga farko har ƙarshe ya riga ya samu kusan duk abin da zai biya kuɗi ya samu, kuma wanda ya ɗora shi sukutum, bai ƙara komai nasa ba, ya ci haƙƙin mai shi ko da doka ba ta kama shi ba.

Sai dai amsar wannan kuka ba hana naɗa ba ce, bambancewa ce tsakanin wasa da wasa, da tsakanin bidiyo da bidiyo. Among Us ya fito a 2018 daga wani ɗan ƙaramin kamfani na mutum uku, ya yi shekara biyu kusan ba a san da shi ba, sai a 2020 masu watsawa a Twitch suka ɗauke shi ya cika duniya. Minecraft, wanda Microsoft ta saya a 2014 a kan dala biliyan 2.5, ya yi girmansa ne kafaɗa da kafaɗa da bidiyon 'yan wasansa, kuma masu shi sun bar ƙofa a buɗe tun da wuri. Duk wasan da daɗinsa ke cikin bugawa, kallo ƙwaɗayi yake ƙarawa. Kamfanonin da suka tsananta ma sun sauko: Atlus ta ba da haƙuri ta sassauta cikin 'yan makonni, Nintendo kuma ta rufe tsarin rabon kuɗinta a ƙarshen 2018, ta fitar da ƙa'idojin da suka halatta a ɗora a kuma ci kuɗi, da sharaɗin mai bidiyon ya ƙara sharhinsa ko wata ƙirƙira tasa. Wannan iyaka da ta ja ita ce daidai. Matsalar da ta rage ita ce har yanzu izini ne kamfani ke bayarwa, ba haƙƙi ne da aka tabbatar ba. Abin da aka ba ka don alheri ana iya karɓewa gobe, kuma manhajar YouTube mai gano kayan wasu ba ta sauraron hujja kafin ta ɗora hannu a kan bidiyo. Sai daga baya mai shi ya bi sawu yana roƙo.

Dalilin da ya sa wannan ya wuce rigimar kuɗin talla shi ne wasanni suna mutuwa da sauri fiye da yadda ake zato. Wani bincike da gidauniyar Video Game History Foundation ta fitar a Yulin 2023 ya gano cewa kashi 87 cikin ɗari na wasannin da aka fitar a Amurka kafin 2010 ba sa kasuwa a lokacin. Konami ta janye P.T., wani ɗan wasan ban tsoro da aka yaba ƙwarai, daga shagon PlayStation a Afrilun 2015, bai cika shekara da fitowa ba. Mafi yawan waɗanda ke maganarsa yau a bidiyo suka san shi. Kamfanin Ubisoft na Faransa ya kashe wasan tseren mota The Crew a ƙarshen Maris na 2024, kusan shekara goma bayan fitowarsa, duk da mutane kuɗi suka sa suka saya, abin da ya haifar da gangamin da ya tara sa hannun mutum sama da miliyan ɗaya a Tarayyar Turai a 2025. Wasannin da ke raye ma ba tsayawa suke wuri ɗaya ba. Fortnite yana canza taswirarsa a kai a kai, kuma bikin waƙar da Travis Scott ya yi a cikinsa a Afrilun 2020, wanda mutum miliyan 12.3 suka halarta a lokaci guda, an yi shi an gama. Ba wanda zai iya komawa ciki, sai dai ya kalli abin da mahalarta suka naɗa.

Mai musu zai ce bidiyo ba wasa ba ne, kallo ba ya maye gurbin bugawa, don haka kiran wannan adana tarihi zuƙi-ta-malle ne. Rabin maganarsa gaskiya ce, kuma ba wanda ke cewa a daina neman a adana wasannin kansu. Amma bidiyo yana riƙe wani abu da faifan wasa ba ya riƙewa. Ko da an farfaɗo da tsohon wasan intanet bayan shekara 30, za a shiga ne a tarar da kango: babu taron, babu salon da aka saba bugawa a lokacin, babu zolayar da ake yi, babu kurakuran da 'yan wasa suka gano suka mai da su dabara kafin kamfani ya toshe. Wanda bai riski Mamman Shata ba, wanda ya rasu a 1999, bai san zaman dandalinsa ba, amma kaset da naɗe-naɗen gidajen rediyo sun riƙe masa muryar da kiɗan kalangu da amshin 'yan amshi, kuma ba wanda zai ce da an bar su ba a naɗa ba ya fi. Mai binciken da zai zo nan gaba yana son sanin yadda matasan wannan zamani suka yi nishaɗi, bidiyon nan zai dogara da su.

Abin takaicin shi ne ita wannan taska a hannun 'yan kamfanoni ƙalilan take, su kuwa ba ɗakin adana tarihi suka buɗe ba, kasuwa suka buɗe. Twitch tana share bidiyon watsawar da aka yi bayan kwana 7 zuwa 60, gwargwadon matsayin mai tashar. A 2020, da kamfanonin waƙa suka taso ta da ƙorafin haƙƙin mallaka, dubban bidiyo suka tafi, wasu ita ta goge, wasu masu su ne suka goge aikin shekaru da hannunsu don tsoron a rufe musu tasha, galibi saboda wata waƙa da ke tashi a bayan murya. A Janairun 2019 tashar Machinima, wadda ta tara bidiyon wasanni na fiye da shekara goma, ta wayi gari an ɓoye komai nata bayan kamfanin ya canza hannu. A 2025 Twitch ta sake ƙayyade abin da mutum zai adana na dindindin zuwa sa'o'i 100, masu tseren gama wasa suka shiga rububin kwashe tsofaffin bajintocinsu kafin a share. Darasin a fili yake: ɗorawa a intanet ba adanawa ba ce.

Sai kuma ƙorafi mafi nauyi, wanda ya shafi har wanda bai taɓa riƙe abin buga gem ba. Bahaushe ya ce gani ya kori ji, amma bidiyon wasa yana iya yin ƙarya, kuma ya sha yi. A 2011 gidan talabijin na ITV a Birtaniya ya nuna wani yanki na wasan Arma 2 a cikin shirin bincike, a matsayin hoton mayaƙan IRA suna harbin jirgi mai saukar ungulu. A Nuwamban 2017 ma'aikatar tsaron Rasha ta wallafa hoton da ta ce hujja ce cewa Amurka na taimaka wa ƙungiyar IS, aka gano daga wani wasan waya aka ciro shi. A Fabrairun 2022 bidiyon jirgin yaƙin da aka ce ya kakkaɓo jirgin Rasha a sararin Kiyef ya zaga duniya, alhali daga wasan Digital Combat Simulator yake. Wanda ya fara ɗora shi ya rubuta cewa wasa ne, masu yaɗawa suka yanke bayanin. Abin ya yi yawa har kamfanin da ke yin Arma 3 ya fitar da sanarwa a 2022 yana koya wa jama'a alamomin ganewa: hoto dishi-dishi da gangan, kyamara mai rawa, yawanci da dare, babu fuskar mutum a kusa, hayaƙi da wuta ba su yi kama da na gaske ba. Ga al'ummar da ke fama da matsalar tsaro, inda bidiyo ke yawo a WhatsApp ba uwa ba uba, wannan ba ƙaramin haɗari ba ne.

Duk da haka, in aka duba yadda aka kama waɗannan ƙarairayi, za a ga cewa naɗar ce ta tona su. An gane hoton Rasha ne domin asalin bidiyon wasan yana nan a YouTube, aka jera su aka ga ɗaya ne. Haka abin yake a fagen gasa. A ƙarshen 2020 masu sa ido kan tseren Minecraft suka zauna suka ƙirga sa'ar da fitaccen ɗan wasan nan Dream ya riƙa samu a watsawarsa, suka ce yiwuwar samun irinta bisa ƙa'ida ɗaya ce cikin tiriliyan 7.5, ya musanta da farko, a Mayun 2021 ya amsa cewa akwai wani gyara da ke aiki a wasansa, ya ce ba da saninsa ba. Da bai naɗa ba, da ba abin ƙirgawa. Maganin bidiyon ƙarya shi ne yawan bidiyon gaskiya masu asali, da ɗabi'ar rubuta sunan wasa a jikin hoton kansa, inda mai yankewa ba zai iya cire shi cikin sauƙi ba. Wannan shi ne nauyin da ke tafe da haƙƙin. Akwai wani kuma da ake mantawa: manhajar ɗaukar allo ba ta zaɓe, duk abin da ya bayyana take ɗauka, har saƙon banki da lambar sirri da sunayen abokan wasa da muryoyinsu. Wanda bai rufe sanarwar wayarsa kafin ya fara ba, bai kuma duba abin da ya ɗauka kafin ya ɗora ba, zai iya tona asirin kansa da na wasu a daƙiƙa guda.

A ƙasar Hausa wannan magana ba ta nesa ba ce. Daga gidajen gem da ake buga ƙwallon FIFA da PES, zuwa wayoyin da ake buga Call of Duty Mobile da PUBG da Free Fire, 'yan wasa suna nan birjik, kuma maɓallin naɗa yana cikin aljihun kusan kowannensu. Uban da ke cewa ɗansa na ɓata lokaci yana da hujja in yaron ya bar karatu ko aiki, kuma wanda ke raɗa wa matasa cewa arziki na jiransu a YouTube bai kyauta musu ba. Kafin a fara raba wa mutum kuɗin talla sai ya tara mabiya 1,000 da sa'o'in kallo 4,000 cikin shekara guda, sannan kashi 55 cikin ɗari ne nasa, kuma tallar da ake nuna wa mai kallo a Afirka ba ta biya kamar ta Amurka. Data ma ba kyauta ba ce, balle bayan ƙarin kashi 50 cikin ɗari da hukumar sadarwa ta Najeriya ta amince da shi a Janairun 2025. Bidiyo mai ingancin 1080 da hoto 60 a daƙiƙa, bisa ma'aunin da YouTube ke ba da shawara, yana cin kusan megabayit 90 a minti, sama da gigabayit 5 a sa'a. In aka sauko zuwa 720 da hoto 30, minti goma bai kai megabayit 400 ba, kuma a allon waya bambancin bai taka kara ya karya ba. Mafi yawan masu yi ba za su ci ko kwabo ba. Amma yaron da ya koyi daidaita sauti, yanke bidiyo, matse fayil, da riƙe hankalin mai kallo da baki na minti goma, ya koyi aikin da gidajen rediyo da talabijin da masu shirya fim ke biyan kuɗi a yi musu.

Kuma akwai gurbin da ba wanda zai cike sai su. Bidiyon wasa da Turanci sun yi yawa har ba a iya ƙirgawa, ƙara ɗaya a kai ba zai canza komai ba. Wanda ya buga yana sharhi da Hausa, da zolaya da kirari da salon maganar unguwarsu, ya yi abin da kamfanin Japan ko na Amurka ba zai taɓa yi ba, kuma shi ne ainihin ƙarin da ke mai da kayan wani ya zama aikinka. Saboda haka kira ga masu wannan harka: ku naɗa, ku sa muryarku da harshenku, ku rubuta sunan wasan a jikin hoton, ku kashe waƙoƙin da ba naku ba, kada ku ɗora wasan labari sukutum ba sharhi, kuma duk bidiyon da kuka san yana da daraja ku ajiye kwafinsa a rumbunku kafin ku miƙa shi ga YouTube ko TikTok.